Shawara, Basir da Sanyi: Harshen Majiyyaci a Makarantar Likita

A watan Maris na shekarar 2025 ne aka zartar da Kundin Sake Gina Ƙasa, wanda ya ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa a Nijar, ya kuma bar Faransanci da Ingilishi a matsayin harsunan aiki. Tun daga lokacin, in malaman makaranta ko ƙungiyoyin raya al'adu suka zauna, zancen ba ya wuce allunan ofisoshi, da takardun gwamnati, da ajin farko na firamare. Da wuya ka ji wanda ya ambaci ɗakin duba marasa lafiya, alhali kuwa babu inda kuskuren kalma ɗaya yake da tsada kamar can. Wannan ne ya sa na ga ya dace mu waiwayi wasu littattafai biyu da suka daɗe a kan kanta, mu auna abin da suka ba mu da abin da suka bar mana.

Dukansu biyu Yannick Jaffré da Jean-Pierre Olivier de Sardan ne suka jagoranci rubuta su, tare da wasu masu bincike ƴan Afirka ta Yamma da Turawa. Na farko, La construction sociale des maladies, ya fito a 1999, yana bin sunayen cututtuka kamar yadda talakawa suke kiransu da harsunansu. Na biyu, Une médecine inhospitalière, ya fito a 2003, yana bayyana zaman ma'aikatan lafiya da majiyyata a manyan birane biyar, watau Abijan, da Bamako, da Konakiri, da Dakar, da Yamai. Shi Olivier de Sardan ba baƙo ba ne a wurinmu, domin yana cikin waɗanda suka kafa cibiyar bincike ta LASDEL a Yamai a 2001.

Babban alherin littafin farko shi ne ya ture wani tsohon zato na Turawan da suka yi rubutu a kanmu, cewa wai duk ciwon baƙar fata a wurinsa aikin iska ne ko maita ko sammu. Marubutan sun nuna cewa mafi yawan cututtukan da mutane suke kokawa da su na yau da kullum ne, irin waɗanda mu muke cewa ciwon Allah, ana nemar musu magani a daji ko a kasuwa ba tare da an zargi kowa ba. Sun kuma nuna cewa sunayen cututtukan ba su da shinge tsayayye: suna ɗaya yakan rufe alamomin da likita zai raba gida huɗu ko biyar. Murray Last ya riga ya hango makamancin haka a ƙasar Malumfashi, a wata maƙala tasa ta 1981, inda ya lura cewa sau da yawa mai ciwo da mai magani ba su damu da bin asalin cuta ba muddin za a samu sauƙi.

Bari mu gwada wannan da Hausar da muke ji a Dogarawa da Malbaza da Ƙonni. Uwa ta ce ɗanta yana da shawara. Ɗalibin da ya haddace jerin kalmomi sai ya rubuta ictère a takarda, ya ɗauka ya gama. Amma shawara a bakin mutane ta fi rawayar ido faɗi: kasala tana ciki, da ƙin cin abinci, da jan fitsari, da masassarar da ta ƙi tafiya. Ciwon hanta yana iya ɓoyewa a bayan sunan, amosanin jini ma haka, haka kuma zazzaɓin cizon sauro idan ya yi tsanani. Sannan sunan yana tafe da hukuncinsa, domin sananniyar magana ce a garuruwanmu cewa shawara ba ta son allura. To, yaron da zazzaɓin sauro ya ci ƙarfinsa har idonsa ya yi rawaya, allura ce ke ceton ransa, ita ce kuma kakarsa take gudu. Ma'aikacin da bai san wannan ba zai yi ta mamakin me ya sa ake kawo masa yara a makare, ko me ya sa uba ya ɗauke ɗansa da dare bayan allurar farko.

Basir kalma ce da muka aro daga Larabci, kuma ta daɗe a ƙasar nan, tun da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, wanda ya rasu a 1837, ya rubuta risala da Larabci a kan maganinsa. A littafin likita, hémorroïdes abu ne ƙarami mai wuri ɗaya. A kasuwar Ƙonni kuwa, mai tallar magani da lasifika yana zuba wa basir taurin ciki, da kumburi, da ciwon baya, da raunin namiji. Magidancin da ya shekara yana ganin jini a bayan gida, ya sa masa suna basir ya yi ta shan jiƙo, wataƙila ciwon daji ne na hanji yake cinsa. Sanyi ya fi su duka rikitarwa. Tsoho ya ce sanyi, gaɓoɓi yake nufi. Saurayi ya ce sanyi yana sunkuyar da kai, ciwon da ake ɗauka wurin saduwa yake nufi. Mace ta ce sanyi, sai an bi ta a hankali kafin a san ko ƙaiƙayi ne, ko ciwon mara, ko kuwa rashin haihuwa ne ya kawo ta. A nan kunya ita ce nahawun zancen. Amarya ba za ta ce tana da ciki ba, sai dai ta ce ta yi ɓatan wata, in ma ta yi magana ke nan ba wadda ta rako ta ce ta amsa ba. Wata kuma ta ce cikin ya kwanta tun bara, kuma da gaske take faɗa. Abin dariya ga mai koyar da harsunan biyu irina shi ne tashin zuciya da mal au cœur, inda Bahaushe da Bafaranse suka haɗu a kan ɗora wa zuciya laifin tumbi. Amma irin wannan dacewa ba ta da yawa.

Duk wannan littafin 1999 ya buɗe mana ƙofarsa. Inda nake da ja da shi shi ne wanda aka rubuta dominsa. Faransancinsa na masana ne, mai nauyi, wanda ma'aikacin jinya a gidan likitan ƙauye ba zai zauna da shi ba bayan ya duba mutum sittin a yini. An ɗebi kalmomin majiyyata an kai su jami'a, ba su dawo ɗakin da aka ɗebo su ba ta hanyar da za a yi aiki da su.

Littafin 2003 ya fi zafi, ya kuma fi shahara. Ya kawo abubuwan da kowa ya sani amma ba a rubutawa: majiyyaci ya shigo ba a amsa sallamarsa, a rubuta masa takardar magani kafin ya gama magana, a tsawata wa mai naƙuda, a fifita ɗan'uwa da mai sanayya. Marubutan sun danganta haka da halin da aikin gwamnati ya shiga, da ƙarancin albashi da kayan aiki, da al'adar da sabon ma'aikaci yake tararwa a wurin na gaba da shi. Ban musa ko ɗaya ba. Sai dai a ganina akwai wani tushe da ba su tona sosai ba, wanda ya shafe mu mu malamai kai tsaye. Da yawa daga cikin ma'aikatan nan sun yi firamare a zamanin symbole, ƙashin nan ko guntun iccen da ake rataya wa yaron da aka kama yana Hausa a harabar makaranta. Shekara 13 daga ajin farko zuwa bakaloriya, sannan bakwai ko fiye a sashen koyon aikin likita na Jami'ar Abdu Mumuni, wanda aka buɗe a 1974: shekara ashirin ke nan yaro yana koyon cewa ilimi da Faransanci yake magana, Hausa kuwa ta tsakar gida ce. Ranar da ya sa farar riga, mai yi masa Hausa sai ya zama kamar wanda bai san kome ba, ko da kuwa shi kaɗai ne ya san inda ke masa ciwo. Ga shi kuma an tsayar da binciken a manyan birane, inda majiyyaci yakan samu ɗan boko ya rako shi. Manomin albasa daga ƙauyukan Galmi ba shi da wannan gata.

A fagen bincike, abin ya wuce rashin ladabi ya kai ga haƙƙi. A 1996, lokacin annobar sanƙarau, kamfanin Pfizer ya gwada maganinsa Trovan a asibitin cututtuka masu yaɗuwa na Kano. Yara 200 aka sa a gwajin, 11 suka rasu. Kamfanin ya ce ma'aikatan jinya sun yi wa iyaye bayani da Hausa kuma sun amince da baki. Iyayen suka ce ba su san gwaji ake yi ba. An yi shekaru ana shari'a kafin a sasanta da gwamnatin Kano a 2009 a kan dala miliyan 75 na Amurka. Mai nazarin harshe zai lura cewa babban ɓangaren rigimar a kan jimlolin Hausa ne da aka furta ko ba a furta ba. Da Kano ta dakatar da rigakafin shan inna a 2003, har zuwa watan Yuli na 2004, labarin Trovan yana cikin hujjojin da mutane suka riƙa kawowa.

Ba kowane bincike ne ya bar irin wannan tabo ba. A Madarunfa ta jihar Maraɗi, cibiyar Epicentre ta Likitocin Ba Iyaka ta gwada wani rigakafin zawon yara da aka yi a Indiya, mai jure zafin rana, a kan jarirai sama da 3,500. Sakamakon da ya fito a 2017 ya nuna yana hana kusan kashi 67 cikin 100 na zawo mai tsanani irin wanda aka yi shi dominsa. A gwaji irin wannan, ana ba wasu yaran rigakafin, wasu kuma abin da ya yi kama da shi amma babu magani a ciki, kuma ƙuri'a ce ke raba su. Mai karatu ya gwada faɗa wa uwa wannan da Hausa. In ka ce maganin ƙarya, ka kore ta. In ka ce ai duka magani ne, ka yaudare ta. In ka ce ƙuri'a, wani malami a garin zai ji ƙamshin caca. Wasu ƴan ƙasar nan ne suka zauna da iyaye mata suka warware wannan ƙulli da bakinsu. Sakamakon ya fito da Ingilishi a wata mujalla ta Amurka, Hausar da aka yi aikin da ita kuwa ta tsaya a bakin masu fassara.

Za a ce Hausa ba ta da kalmomi. Akwai gaskiya a ciki: jijiya ɗaya muke da ita, alhali likita yana bambanta mai kai jini, da mai dawo da shi, da mai ɗaukar saƙon ƙwaƙwalwa, da mai ɗaure tsoka da ƙashi. Amma Faransanci ma an taɓa yi masa wannan gori. Ambroise Paré, wanda asalinsa wanzami ne bai iya Latin ba, ya buga littafinsa na farko a kan raunin bindiga da Faransanci a 1545, kuma malaman likitanci na Paris sun taso masa da ya tattara ayyukansa a 1575. Mu ma mun ga ƙirƙira da ta zauna a zamaninmu. Zazzaɓin cizon sauro suna ne da ya ɗauko sanadin cutar a bayansa, har yaro ƙarami ya san dalilin gidan sauro. Cuta mai karya garkuwar jiki, da gidajen rediyo suka yaɗa, ta fi sunayen tsoratarwa da aka fara laƙaba wa sida mutunci nesa ba kusa ba.

Ba ina kira a mayar da karatun likita duka da Hausa gobe ba, ko da yake Jami'ar Dimashƙa tana yin nata da Larabci tun 1919. Abin da ya fi kusa da mu shi ne na Jami'ar Cape Town a Afirka ta Kudu, inda karatun yake da Ingilishi, amma tun farkon shekarun 2000 wajibi ne ɗalibi ya koyi duba majiyyaci da isiXhosa da Afirkans, ana kuma jarraba shi da baki. Mu ma muna iya neman haka a Yamai da Maraɗi da Damagaram, kuma adalci ya ce kada a tsaya ga Hausa: ɗan Ƙonni da aka tura Tera yana bukatar Zabarmanci kamar yadda ɗan Tera yake bukatar Hausa a Illela, ga kuma Fillanci da Tamajaƙ da ake ji kullum a layin asibiti. Asibitin Galmi, da ƙungiyar SIM ta buɗe a 1950 a nan cikin ƙaramar hukumarmu, ya fi shekara 70 yana karɓar majiyyata daga Adar da Gobir da ƙetaren iyaka, kuma tsofaffin ma'aikatansa taska ce ta irin wannan Hausa. Haka ma ungozomomi, da wanzamai, da ma'aikatan jinyar da suka yi ritaya a Ƙonni da Tawa.

Su ya kamata ƙungiyoyinmu su bi da na'urar ɗaukar magana tun suna raye. Muna da ƙa'idar rubutu da gwamnati ta tsayar tun 1999, saboda haka rubutawa ba za ta gagara ba. Littafin da za a fitar kuma kada ya zama jerin nan na kalma a hagu fassara a dama, wanda kowane shiri yake bugawa ya tafi ya bari. A ƙarƙashin shawara, alal misali, a rubuta abin da mutane suke nufi da ita a Adar da abin da suke nufi a Katsinar Maraɗi, a faɗi tsoron allura da yadda ake kwantar wa kaka hankali, sannan a jera tambayoyin da ma'aikaci zai yi da Hausar wurin: kwana nawa jikin yake da zahi, wane launi fitsarin yake, an ba shi jiƙo ko ba a ba shi ba, kuma akwai wani a gidan da ya taɓa yin irinta.