Jinjina ga Maƙeran Assada

A ƙasashen waje, mai son saitin bindigarsa ya daidaita sai ya sayi 'yar na'ura mai jan ɗigo, irin wadda kamfanin Aimpoint na Suwidin ya fito da ita a 1975, a ɗaura masa a kan ƙaramar bindiga da noti biyu. A Sakkwato kuwa, maharbi wurin maƙeri yake kai bindigarsa ta toka, kuma unguwar Maƙera Assada ta daɗe da suna a aikin ƙarfe.

Duba yadda dattijon maƙeri ke karɓar bindiga. Zai runtse ido ɗaya, ya bi tsawonta da kallo, ya gano ɗan karkacewar da mai ita bai taɓa lura da shi ba. Sai ya ɗauki magagari ya goga kaɗan, ya busa, ya sake dubawa. Ba ya gaggawa, domin ya san kuskuren da bai kai ƙwayar gero ba a hannunsa, a daji sai ya zama taku guda.

Hannun nan dai shi ke ƙera fartanya, lauje, gatari da linzamin dokin hawan Sallah. Yaro yana buga zugazugi tun yana ƙarami, yana shan zafin wuta kan zafin garin Shehu, kafin a yarda ya riƙe masaba. Ba don maƙera ba, da manomi ya rasa abin noma, maharbi ya rasa mai gyara.

Sannunku da aiki, maƙera. Allah Ya yi wa sana'a albarka.