Ɗalibar da Ba a Ganin Karatunta: Siffar 'Yar Kwaleji a Finafinan Tamil

A shekarar 1912 Muthulakshmi Reddy ta kammala karatun likita a Madras, birnin da ake kira Chennai a yau, wanda a cikinsa ne masana'antar finafinan Tamil ta kafu a unguwar Kodambakkam. Sai dai ɗalibar da wannan masana'anta ta saba nunawa ba ta gaji irin wannan himma ba. Tana rungume da littattafai, amma da wuya a ga ta buɗe su. Kwaleji a wurinta filin da jarumi zai hango ta ne.

Fim ɗin Sethu, wanda Bala ya ba da umarni a 1999, ya isa misali. Jarumin, wanda Vikram ya fito a matsayinsa, shugaban ɗalibai ne mai taurin kai. Ya nemi soyayyar Abitha, sabuwar ɗaliba mai kunya, ta ƙi, sai ya sace ta ya tsare. Maimakon labarin ya ɗauki wannan a matsayin zalunci, sai ya sa zuciyarta ta karkata gare shi, ya kuma tattara tausayin mai kallo a kan jarumin. Wannan labarin ne aka sake shi da harshen Hindi a 2003 da sunan Tere Naam, wanda masu kallo a ƙasar Hausa suka sani.

Akwai siffa ta biyu da masu sharhi ke kira "loosu ponnu", wato yarinya mai wauta: kyakkyawa, mai surutu, mai hankalin ƙananan yara, kamar Hasini a fim ɗin Santhosh Subramaniam na 2008. Ko Pariyerum Perumal na Mari Selvaraj, wanda ya fito a 2018 ya fallasa wariyar asali a kwalejin shari'a, ya bar Jothi cikin duhu game da azabar da danginta ke gana wa abokin karatunta.

Illar wannan salo ita ce yana koya wa saurayi cewa "a'a" ɗin budurwa jan aji ne da naci ke karyawa. Tun 2013 dokar Indiya ta mayar da bibiyar mace ba da yardarta ba laifi, amma fim ya ci gaba da yi wa wannan ɗabi'a kiɗa da waƙa. Ɗalibar da ake tarewa a bakin ƙofar makaranta ita ke ɗanɗana kuɗar wannan darasi, kuma sau da yawa ita iyaye ke janyewa daga karatu don gudun abin kunya.