Masu tsaron lokaci da harshensu: sharhi a kan Anathem na Neal Stephenson

1. Gabatarwa

Anathem ƙagaggen labari ne mai shafi sama da 900, wanda marubucin Amurka Neal Stephenson ya wallafa cikin Ingilishi a shekarar 2008. Fassarar Faransanci ta Jacques Collin ta fito a 2018 cikin juzu'i biyu, da sunan Anatèm. Tushen labarin yana da alaƙa da shirin injiniya Danny Hillis na ƙera agogon da zai yi aiki shekara 10,000. A wannan maƙala za mu dubi littafin ta fuskar ilimin harshe. Ra'ayinmu shi ne, masanan da ke cikinsa da harshe suke tsare lokaci, agogo kuwa alama ce kawai ta wannan aiki.

2. Tsarin ƙungiyar

Labarin yana gudana a wata duniya mai suna Arbre, a shekarar 3689 ta lissafinsu. Masu falsafa da lissafi, maza da mata, suna zaune a killace bayan ganuwa, an hana su na'urorin zamani. An kasa su rukuni huɗu bisa ga lokacin da ƙofarsu ke buɗewa: kowace shekara, kowace shekara 10, kowace 100, da kowace 1000. Babban agogon gidan shi ke buɗe ƙofofin, kuma mai ba da labarin, saurayi Erasmas, yana cikin waɗanda ke ɗaga nauyin da ke tafiyar da agogon a kullum. Shi ɗan rukunin shekara 10 ne.

Duk mai nazarin harshe zai lura da abin da wannan tsari ya haifar. Cikin gida ana magana da harshen Orth, a waje kuma jama'a na amfani da Fluccish, wanda ke canzawa da sauri. Wannan shi ne yanayin da Charles Ferguson ya bayyana a 1959, inda al'umma ɗaya ke da harshen sama na ilimi da harshen ƙasa na kasuwa. Sabon abin da Stephenson ya kawo shi ne ya sa wa wannan rabuwa ma'auni na shekaru. Kowace buɗewar ƙofa gwaji ce: ana haɗa bakin jiya da na yau wuri guda, a ji nisan da ke tsakaninsu. Abin da Saussure ya raba gida biyu, wato nazarin harshe a zamani ɗaya da nazarinsa cikin tafiyar zamani, a nan an haɗa su a dandali ɗaya.

3. Ƙamus a matsayin agogo na biyu

Marubucin ya warwatsa bayanan wani ƙagaggen ƙamus cikin littafin, bugu na 4, na shekarar 3000. Kowane bayani yana bin kalma daga tsohon Orth zuwa sabo. Ita kanta kalmar take ta haɗa kalmomi biyu na Ingilishi, ɗaya mai nufin waƙar yabo, ɗaya mai nufin tsinuwa. Ƙamus ya nuna ta fara da ma'anar waƙar roƙo, ta ƙare da ma'anar bikin korar mai laifi daga gida. Haka kuma saunt, laƙabin manyan masana, ta samo asali daga savant, amma kunne yana jin saint a cikinta. A ganinmu nan ne littafin ya fi ƙarfi, domin ya yarda cewa ganuwa ba ta hana ma'ana tafiya. Iyakar abin da killacewa ke yi shi ne ta rage saurin canji, ta kuma ajiye shaidarsa a rubuce.

4. Inda aikin ya yi rauni

Rauni na farko ya shafi Jad, dattijon rukunin shekara 1000. Rabon ƙofarsu da buɗewa shekara 689 ke nan, amma yana hira da Erasmas ba tare da tafinta ba. Bafaranshen yau ba ya karanta Chanson de Roland, na wajajen shekarar 1100, sai da horo. Ana iya kare marubucin da misalin Latin a gidajen ibadar Turai, ko Larabci a makarantun zaure, inda rubutu da hadda suka riƙe harshe ƙarni bayan ƙarni. Sai dai waɗannan harsunan karatu ne. Orth kuwa da shi ake raha da gardama a kullum, kuma irin wannan harshe ba ya tsayawa wuri ɗaya.

Na biyu, da labarin ya bar ganuwa ya nufi sararin samaniya, sai batun harshe ya ja baya. Abin da ya rage mai ban sha'awa shi ne baƙon nan Jules Verne Durand, mutumin duniyar Laterre. Ga mai karatu da Ingilishi, Faransancin da ke cikin sunayen nan shi ne alamar baƙunci. Ga mai karatu da Faransanci kuwa, baƙon ya zama ɗan gida, alamar ta dushe. Wannan matsala ce da ta cancanci nazari daga ɗalibanmu masu aikin fassara.

5. Kammalawa

Darasin da muke ɗauka ya shafi aikin ƙirƙirar kalmomin ilimi. Hausa ta ari lokaci, sa'a da zamani daga Larabci, ta ari agogo daga Yarabanci, kuma bakin jama'a ne ya daidaita su har suka zauna. Kalmar da kwamiti ya ƙera a ɗaki, idan ba ta fita kasuwa ba, ta zama Orth. Don haka tambayar da littafin ya bar wa masana ita ce ta tsawon wa'adin ƙofa: shekara nawa za a yi kafin a fito a ji yadda mutane ke magana?