Malamin da ba a taɓa haifa ba

Jama'a, akwai wani malami ɗan ƙasar Sin, Ts'ui Pen, wanda marubucin Ajantina, Jorge Luis Borges, ya ƙaga a wani gajeren labari a 1941. Wai gwamnan Yunnan ne, ya ajiye mulki, ya shige ɗaki shekara 13 yana rubuta littafi. Bayan an kashe shi, dangi suka ce shirme ne: jarumi ya mutu a babi na uku, a na huɗu ga shi da ransa. Ashe da gangan ne. Duk inda hanya ta rabu, littafin dukkan rassan yake bi.

Masana kan ce wannan tunani ya riga intanet, inda ka latsa nan ka faɗa can. Haka ne, amma ni dai ina ga an bar jaki ana dukan taiki. Tattaɓa-kunnen malamin, mai yi wa Jamus leƙen asiri, ya harbe mutumin da ya warware masa sirrin littafin, aka yanke masa hukuncin rataya. Hanyoyi barkatai a takarda, amma shi ɗaya ya bi, kuma ita ya amsa. Yaranmu masu wasan waya, da ke mutuwa su sake farawa, a karanta musu wannan.