Kabewa Ta Fito Daga Tukunyar Miya

Wallahi jama'a, mun daɗe muna tauye wa kabewa haƙƙinta. Tun tasowarmu hanya ɗaya muka ga ana bi da ita: a fere, a yanka, a dafa har ta narke, a haɗa da gyaɗa da yakuwa da alayyafo, ta zama miyar taushe. Ba raina taushe nake yi ba, Allah ya kiyaye. Ranar suna ko ranar Sallah idan aka ajiye waina babu ita, ai rabin aiki aka yi. Wani lokaci kuma a jefa ta cikin fate. Amma ko ta ina aka bi, a cikin ruwa take ƙarewa. Ni kuwa yau shela na zo yi a kan abin da ya tafi da hankalina a kakar bana: gasasshiyar kabewa a naɗe cikin 'yar gurasar masara irin ta mutanen Meziko, wadda suke kira tako. Ko tsoka ɗaya babu a ciki, kuma na yi imani duk wanda ya kai loma ta biyu ba zai tambayi nama ba.

Ga wanda bai san shi ba, tako ba abu ne mai wuyar fahimta ba. Gurasa ce siririya ta masara, faɗinta ya ɗan fi tafin hannu, su suna ce mata totiya. A gasa ta a busasshen kasko, a zuba abin da ake so a tsakiya, a ninke, a ci da hannu. A can abincin gefen titi ne, na ɗan dako da na ma'aikacin ofis. A shekarar 2010 hukumar UNESCO ta sanya girkin gargajiya na Meziko cikin jerin al'adun da duniya ke tinƙaho da su, kuma masara da wake da barkono su ne ginshiƙinsa.

Abin da ya ƙara min ƙaunar wannan abinci shi ne tarihinsa. Kabewar nan da muke gani tamkar da ita aka haife mu, asalinta nahiyar Amurka ce. A wani kogo da ke jihar Wahaka a kudancin Meziko masu bincike sun tono 'ya'yan kabewar da aka noma kimanin shekara 10,000 da suka wuce. Masara ma daga kudancin ƙasar ta fito. Manoman can kan shuka masara da wake da kabewa a gona ɗaya: wake ya hau karan masara, kabewa ta yaɗu a ƙasa, ganyenta ya rufe danshi ya danne ciyawa. Bayan 1492 ne jiragen Turawa suka watsa su a duniya, tare da barkono da tumatir da gyaɗa. Wato duk ranar da aka haɗa masara da kabewa a faranti ɗaya, tsofaffin maƙwabta ne suka sake gamuwa. Waken da muke ci a nan kam ba irin nasu ba ne, namu ne, ɗan asalin Afirka, kuma babu ƙasar da ta kai Najeriya noma shi.

Shi ya sa nake cewa mu mutanen Madalla ba mu da uzuri. Shiga kasuwar Madalla ranar da take ci, a wannan lokaci da iskar hunturu ta fara kaɗawa har Dutsen Zuma ya soma ɓuya a cikin hazo. Ga sabuwar masara a mudu, fara da ja. Ga wake. Ga kabewa tuli, wata a dunƙule, wata an tsaga ta ana sayarwa yanka-yanka daidai aljihunka. Ga matan Gbagyi sun fito da amfanin gona. Ga attaruhu, ga albasa, ga kabeji, ga Fulani da kindirmo a ƙwarya. Lemun tsami da fiya kuwa, kasuwar 'ya'yan itace ta Zuba tana nan kusa da mu. Babu abu guda da sai an shiga manyan kantunan Abuja kafin a same shi.

Sai dai zaɓen kabewar shi ne rabin girkin. Nemi wadda ta ƙosa sosai, mai nauyi a hannu, mai taurin bawo da farce ba ya shiga, wadda cikinta ya yi jawur. Mai fari-farin ciki ruwa ne ya cika ta, ko ta kwana a wuta ba za ta yi zaƙi ba. Alfanun sayen yanka ke nan: gani ya kori ji.

To, a zo ga gashin, wanda shi ne zuciyar maganar. A fere kabewa, a kwashe 'ya'yan a ajiye gefe, a yanka ta ƙanana daidai loma. A zuba man gyaɗa ɗan kaɗan, da gishiri, da dakakkiyar tafarnuwa da citta, a cakuɗa har kowane yanki ya yi ƙyalli. Mai oba ta shimfiɗa su a tire, zafi ya kai digiri 200, minti 30 zuwa 40, a juya sau ɗaya. Amma ni gawayi na fi so, nesa ba kusa ba. A bari garwashi ya yi ja, harshen wuta ya kwanta, a ɗora waya irin ta masu tsire, a jera yankan a kai. Sharaɗi ɗaya ne, kuma kada a yi wasa da shi: a bar fili tsakaninsu. Idan aka cunkusa su, tururin junansu zai dafa su, a koma gidan jiya. Kusan kashi 90 cikin 100 na kabewa ruwa ne. A tukunya ruwa ake ƙara mata, zaƙinta ya watsu cikin miya. A kan garwashi kuwa ruwan ne ke tashi, zaƙin ya tattaru wuri ɗaya, gefe-gefen ya yi duhu ya ɗan ƙone, cikin ya yi laushi lugub. Ƙamshin da ke tashi a wannan lokaci, Allah Sarki! Ƙamshin hayaƙi da zaƙi ne a haɗe, irin wanda ke sa maƙwabciya ta leƙo ta katanga ta ce, “Maman yara, me ake toyawa ne haka?”

Yajin ƙuli kuma sai an kusa saukewa za a barbaɗa, domin ƙuli-ƙuli da wuri yake ƙonewa ya yi ɗaci. A nan ne girkin ya zama namu. Mutanen Meziko suna da nasu busassun barkono kala-kala, na yarda. Amma zaƙin gasasshiyar kabewa da zafin yajin tsire, da ƙamshin masoro da kanumfari, wannan aure ne da aka ɗaura tun a sama.

Ita gurasar tana da nata sirri, kuma sirrin ya burge ni matuƙa. Idan aka kwaɓa garin tuwo zalla aka ce za a murza shi siriri, farfashewa zai yi. Mutanen can tun zamanin da suna tafasa busasshiyar masara da farar ƙasa ko tokar itace, su bar ta ta kwana a ruwan, da safe su wanke, dusar ta saɓule da kanta babu surfe, sannan su niƙa ta da danshinta. Ƙullin da ke fitowa yana da danƙo, yana naɗuwa ba ya karyewa. Ban da haka, wannan dabara tana sakin bitamin B3 da ke ɗaure a cikin masara. Yankunan da suka karɓi masara ba su karɓi dabarar ba, irin kudancin Turai da kudancin ƙasar Amurka, sun sha fama da cutar felagira mai lalata fata da kawo gudawa. Mu kuwa ruwan toka ba baƙonmu ba ne, iyayenmu sun daɗe suna tace shi don miya. A tafasa masara da shi har bawon ya fara sulɓewa a yatsa, a wanke tas, a kai inji a ce wa mai markaɗe ya rage ruwa. Wadda ba ta da lokacin wannan, ta haɗa garin masara da fulawa rabi da rabi, ta kwaɓa da ruwan zafi da ɗan gishiri. Bai kai na farko ƙamshi ba, amma yana biyan buƙata.

A gutsiri ƙulli, a mulmula, a sa tsakanin leda biyu, a danne da gindin tukunya har ya yi fele-fele. Sai kasko mai zafi, babu ɗigon mai. Idan an samu kaskon ƙasa ya fi, kuma da irinsa matan karkarar Meziko ke gasa tasu. Mu da muke ƙasar Suleja ai tukwane gadonmu ne: a nan Ladi Kwali, wadda hotonta ke jikin naira 20, ta shiga cibiyar ginin tukwane a 1954, lokacin garin yana amsa sunan Abuja. Idan gurasar ta yi ɗige-ɗigen ƙuna ta kumbura, a sauke a lulluɓe da tsabtataccen ƙyalle don ta riƙe laushinta.

Sauran kayan ba su da wahala. Wake a dafa shi ya yi luguf, a soya albasa, a juye, a farfasa da ludayi, a jefa 'yar daddawa. Jar albasa a yanka siriri a jiƙa a ruwan lemun tsami da gishiri har ta canza launi. Kabeji ɗanye. Kindirmo a kaɗa shi da ɗan gishiri. 'Ya'yan kabewar nan da muka saba zubarwa a wanke, a shanya, a soya a kasko, a ɓare. A Meziko kayan marmari ne da ake sayarwa a kasuwa. Mai son ƙari ta marmasa soyayyen awara a kai.

Yanzu a ɗauki gurasa da zafinta, a shafa wake, a jera kabewa, a ɗora kabeji da albasa, a yaryaɗa kindirmo, a watsa 'ya'yan kabewa, a matsa lemun tsami, a ninke. Lomar farko ƙamshin masara ne zai fara tarbar ka. Sai zaƙin kabewa ya biyo, kafin ka gama mamaki yaji ya taso, tsamin albasa ya tare shi, sanyin kindirmo ya kwantar da komai, wake kuma yana ƙasa yana riƙe ciki. Laushi da ƙaras-ƙaras a loma ɗaya! Duk mai kunyar santi kada ya ci wannan a gaban surukai.

Akwai kuma wani dalili da ya sa nake ta yayata shi. Kowa ya san yadda nama ya yi tsada, gidaje da yawa sai a yi kwanaki ba a gan shi ba, uwargida tana jin nauyin ajiye abinci haka nan. Wannan girki yana cire wannan nauyi, domin ba ya kama da abincin rashi. Abinci ne da za a fitar wa baƙo da alfahari. Masara da wake idan suka haɗu suna cike giɓin juna wajen gina jiki, jan cikin kabewa kuma jiki na mayar da shi bitamin A, mai taimakon ido da garkuwar yara. Yaran da ke ture kabewa a miya, a ba su gasasshiya a gani.

Aibinsa ɗaya da zan faɗa tsakani da Allah: ba ya jira. Idan ya huce gurasar ta yi tauri, armashin ya ragu. Don haka ba abincin zubawa a kula a ajiye wa maigida sai dare ba ne. A shimfiɗa tabarma kusa da murhu, mai gashi tana saukewa ana ɗauka, kowa ya haɗa nasa da hannunsa.

'Yar'uwa, kabewa tana araha yanzu, kuma kaka ba ta daɗewa. Idan kin shiga kasuwa wannan makon ki sayi yanka biyu: ɗaya na taushe, ɗaya na garwashi.