Bayan An Gama Cin Taswira: Ƙarshen Wasannin Kafa Daula a Idon Mutumin Bakin Iyaka

Lokacin da kamfanin Firaxis ke shirin fitar da Civilization na bakwai, wanda ya fito a Fabrairun 2025, masu tsara shi sun amsa da bakinsu cewa fiye da rabin masu buga wasan ba sa kai shi ƙarshe. Mutum zai hana idonsa barci yana kafa birane yana murƙushe maƙwabta, sai daidai lokacin da ya zama gagara-badau ya rufe wasan ya soma sabo. Ba wanda ya kore shi. Nasarar ce ta gundure shi.

Ga wanda bai saba da su ba, waɗannan wasanni ne da ake ba ka ragamar al'umma guda ka raine ta har ta zama daula. Civilization, wanda Sid Meier ya fitar a 1991, yana sauke ka da ayarin masu neman mazauni a shekara ta 4000 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), taswira baƙa ƙirin sai ɗan wurin da kake tsaye. Europa Universalis na huɗu, na kamfanin Paradox da ke Suwidin, ya ɗauko daga 1444 zuwa 1821, kuma Kano da Katsina da Zazzau duk suna cikin ƙasashen da za ka iya riƙewa. Crusader Kings na uku ya sa Daurama ta Daura cikin sarakunan da yake tallata wa ɗan wasa a shekarar 867. Age of Empires na uku ya shigo da Hausawa a Agustan 2021, da mahayan lifidi da maharban Fulani, Kano ce cibiyarsu. A Civilization na bakwai kuwa Sarauniya Amina na cikin shugabannin da ake zaɓa. Mun shiga sahu, ba laifi. Sai dai shiga sahu daban, fahimtar yadda dauloli suka tsufa a ƙasar nan daban.

Daɗin waɗannan wasanni a farkonsu yake, lokacin da kake ƙarami, kowace shawara tana da nauyi. Ka kafa gari a bakin kogi don noma, ko a gindin dutse don tsaro? Ɗan arzikin da ke hannunka, mayaƙi za ka yi da shi ko rumbu? Kuskure ɗaya sai ya bi ka zagaye ɗari.

To, leƙa wasan nan a zagaye na 300. Birane arba'in, kowanne ya ɗago tuta yana tambayar me za a gina masa, alhali komai ka zaɓa ba abin da zai sauya. Runduna talatin na jiran umarni ɗaya bayan ɗaya. Ka danna maɓallin ƙare zagaye, na'ura ta yi shiru tana lissafa motsin abokan hamayyar da ba sauran wanda zai iya taɓa ka a cikinsu. Sarki ya koma akawu. Masu dara sun san irin wannan zama, inda ɗaya ya riga ya kafa gidan da duk ya gusa sai ya ci, 'yan kallo su fara watsewa tun ƙwayoyi ba su ƙare ba. Dalilin a fili yake: a ƙa'idar wasan, ƙasa tana haifar da kuɗi, kuɗi su haifi runduna, runduna ta ƙaro ƙasa. Wanda ya sha gaba a tsakiya ya riga ya ci, sauran duk cike gurbi ne.

A nan ne nake ganin mutumin Lafagu yana da abin faɗi wanda mai tsara wasa a Amurka ko Suwidin ba shi da shi. Lafagu na cikin ƙaramar hukumar Bagudo ta jihar Kebbi, yanki ɗaya da Illo da Lolo da Tsamiya da Ka'oje, inda Kwara ke ratsawa, Jamhuriyar Benin kuma tana nan gefe. Matashin da ya kai ga irin waɗannan wasanni a nan galibi ta waya yake kai gare su, irin su Unciv da Polytopia da ba su cin wuri, yana buga su da ido ɗaya a kan sauran cajin batir. A fuskar wayarsa, iyaka layi ce mai kaifi: nan kore, can ja, kuma duk abin da ke cikin kore nasa ne har ƙwayar hatsi. Ya ɗago kai kuwa, ga iyaka ta gaske. Naira da sefa suna aljihu ɗaya, ana aure tsakanin nan da tsallake, Bahaushe da Badandi da Bafillace da Babusa suna cin kasuwa ɗaya. Da gwamnatin tarayya ta rufe iyakokin ƙasa a Agustan 2019, a taswirar Abuja layin ya toshe ruf. Wanda ke bakin kogi ya san kwale-kwale da babur ba su karanta sanarwa. Ikon gwamnati yana isowa nan, amma a gajiye yake isowa, kuma sai an yi ciniki da shi.

Haka abin yake tun da can. Songai ta Askiya Muhammadu tana kan ganiyarta lokacin da Kanta ya ɓalle, wajen 1516, a kan rabon ganima, ya kafa Kabi ya gina Surame, kuma Songai ba ta iya dawo da shi ba. Da Maroko ta karya Songai a Tondibi a 1591, Dandi ce, wannan kusurwa ta kogi, ta zama mafakar Askiya Nuhu, ya hana masu bindiga sakat shekaru. A wasa, in ka ci babban birni ka gama. A tarihi, gefen ne ya ƙi mutuwa.

Misalin da ya fi kusa shi ne Gwandu, wadda Bagudo ke ƙarƙashin masarautarta har yau. Mujahidai sun ci Birnin Kebbi a 1805. A 1812 aka raba kula da daular Sakkwato, yamma ta faɗa hannun Abdullahi ɗan Fodiyo, har Gwandu ta zama mai faɗa a ji daga Nufe da Ilori zuwa Liptako. In da wasa ne, wannan shi ne zagayen da ɗan wasa zai fara hamma. Amma a 1849 Yakubu Nabame ya tayar da Kabawa daga Argungu, Zabarmawa da Dandawa da Arawa suka mara masa baya. Da Bajamushe Heinrich Barth ya sauka Gwandu a 1853, zamanin Sarki Halilu, ya tarar da fadar da sunanta ya kai nesa amma hanyoyin bayan ganuwarta ba su da aminci. A 1860 Sarkin Gwandu Haliru ya faɗi a fagen fama da Kabawa. Ƙarshe sai da aka yi sulhun da ake kira Lafiyar Toga, da Sarkin Kabi Abdullahi Toga, wato babbar daula ta amince da zaman ƙaramar da ta gagare ta. Tsakanin Gwandu da Argungu fa bai wuce tafiyar yini ba. Daular da ake kai wa gaisuwa daga Ilori ta shekara hamsin ba ta iya shiga garin da ke bakin ƙofarta ba.

Abin da ya biyo baya ya fi wannan daɗin nazari. Sarkin Musulmi Abdurrahman, wanda ake wa laƙabi da Ɗanyen Kasko, ya hau a 1891 ya ɗaura aniyar gamawa da Argungu, lokacin Sarkin Kabi Sama'ila. Ya kira sarakunan gabas su kawo gudummawa, aka je, aka sha kashi. Cikin waɗanda suka nuna jarunta a yaƙin akwai Galadiman Kano Tukur. Da Sarkin Kano Bello ya rasu a 1893, Sarkin Musulmi ya saka wa Tukur da sarauta, ba tare da duba inda zuciyar manyan Kano take ba. Yusufawa, masu adawa da Tukur, suka fice, Basasa ta ɓarke, ba ta lafa ba sai 1895 da Aliyu Babba a kan gado. Dubi sarƙar: yaƙin da aka kasa ci a yammacin daula ya haifar da bashin alheri, biyan bashin ya ƙona birni mafi arziki a gabas, shekara takwas kacal kafin Turawa su iso. Tsufan daula ke nan. Kowace shawara ta fi ta ƙuruciya nauyi, domin yanzu akwai abin asara, kuma duk igiyar da ka ja sai wata ta motsa a inda ba ka zata ba. Ibn Khaldun ya riga ya bayyana wannan a Muƙaddimarsa tun 1377, inda ya nuna cewa haɗin kan da ya kafa mulki yakan narke cikin zuriya uku.

Masu tsara wasa ba su jahilci matsalar ba, sun shekara talatin suna neman maganinta. Civilization na farko zuwa na uku sun sa almundahana: gwargwadon nisan gari da fada, gwargwadon abin da ke zurarewa daga harajinsa. Na huɗu, a 2005, ya mai da shi kuɗin riƙon gari. Na biyar, a 2010, ya sa kowane sabon gari yana rage farin cikin talakawa. Ƙarin da aka yi wa na shida a 2018 ya kawo biyayya, ta yadda garin da ke nesa da kai kusa da wani zai iya juya maka baya, kuma wannan ne ya fi kama da gaskiyar garuruwan iyaka. Shogun na biyu, a jerin Total War, yakan sa kowa ya taso maka da zarar ka yi ƙarfi. Stellaris kan saukar da bala'i daga wata duniya. Na bakwai ɗin Civilization, da ya fito, ya yanka wasan zamani uku, biyun farko kowanne ya rufe da rikici, a rage maka ƙarfi ka sake lale da wata al'umma. 'Yan wasa da dama sun ji haushin wannan, kuma ban ga laifinsu ba: hannun mai wasan ne ake gani ƙuru-ƙuru yana ƙwace abin da ka tara.

Aibin duk waɗannan magunguna ɗaya ne. Tara ce ake ci, kuma tarar da aka rubuta adadinta a allo lissafi ce kawai. A Europa Universalis, faɗaɗa fiye da kima na jawo tawaye in ya haura kashi 100, don haka gwanaye sukan tsaya a 99, su narkar da abin da suka haɗiya, su ci gaba. Akwai ma lambar yabo ta musamman ga wanda ya cinye duniya kaf da tsibiran Ryukyu, 'yar mitsitsiyar masarauta a kudancin Japan, kuma mutane suna samun ta. Abin da ba a taɓa ba shi ne ido da hannu. Ɗan wasa yana ganin kowane lungu na ƙasarsa a lokaci guda, alƙaluman da ake nuna masa ba ƙarya a ciki, umarninsa kuma yana isa iyaka kafin ya ɗage yatsa. Ba Sarkin Gwandun da ya taɓa samun wannan. Abin da ya sani game da Illo shi ne abin da manzo ya faɗa masa, bayan kwanaki, gwargwadon abin da mai garin ya ga dama a sani. Ka ba sarki idon da ba ya kuskure da hannun da ba ya gajiya, to ka cire mulki daga cikin wasan mulki.

Akwai masu ƙoƙari. Old World, na Soren Johnson wanda ya jagoranci Civilization na huɗu, ya ƙayyade yawan umarnin da za ka iya bayarwa a zagaye, ko da rundunarka ta kai nawa, sai ka zaɓi inda hankalinka zai tafi. Crusader Kings ya fi kowa kusa, domin a can hakimanka mutane ne masu buri da ƙulli, ɗan'uwanka ma abin tsoro ne, kuma labarin Tukur zai iya faruwa a cikinsa. Amma ko shi yana rubuta maka da lamba yadda kowane hakimi yake ƙaunarka. Ina ma Ɗanyen Kasko ya sami wannan lamba.

Ban manta da hujjar ɗaya ɓangaren ba. Yaron da ya yini a fadamar shinkafa, ya biya kuɗin caji da na data, bai zo neman wanda zai ƙi bin umarninsa ba, yana da su a gida. Iko ya zo ɗanɗana, kuma kamfanoni sun sani. Wasannin waya irin Clash of Clans ma sun gano cewa gajiyar ƙarshen wasa haja ce: gini ya ɗauki kwanaki, in kana sauri ka biya. Sai dai alƙaluman Firaxis sun nuna cewa ikon da ba mai ja da shi ba ya riƙe mutum. Wanda ya ce shi yake so, shi ne kuma ke tashi ya bar shi.

Sannan ga yadda wasan yankin nan ya ƙare a zahiri. A ranar 14 ga Yunin 1898 Ingila da Faransa suka sa hannu a Faris, suka raba Borgu, Nikki ta tafi Faransa, Busa ta zauna wa Ingila, aka ja layi ya taɓa Kwara mil goma sama da Giris, mashigin Illo. Ba Gwandu a teburin, ba Argungu. A Maris 1903 Sakkwato ta faɗi. Argungu, wadda a kowane wasa da tuni an share ta daga taswira, tana nan da sarkinta.

Da zan ba mai tsara wasa shawara, sai in ce ya fara daga inda saura ke ƙarewa: Gwandu a 1860, daula ta riga ta kafu, sarki ya faɗi a yaƙi, kai ne magaji. Taswirar kada ta nuna komai sai abin da manzo na ƙarshe ya kawo, da kwanan watan da ya kawo shi. Umarni ya ɗauki kwanaki a hanya, wani ya isa, wani Kabawa su tare shi. Irin wannan wasa ba ya bukatar zane mai nauyi, ƙaramar waya za ta ɗauke shi. Kayan aikin ma suna nan: da Turawa suka shiga Sakkwato sun tarar da tarin wasiƙun sarakuna a gidan Waziri Buhari, waɗanda H. F. Backwell ya fassara ya buga a 1927, kowane sarki yana ba da labarin iyakarsa yadda yake so fada ta ji shi.