A Kashe Murya, A Dubi Hannu

Wasu masu sharhi sun ɗauki tsohon hoto a fim ɗin tarihi tamkar cikon benci: in an rasa abin nunawa, sai a liƙa hawan dabar Kaduna ta 1956. Wasu kuma sun ce farfagandar Turawan mulki ce kawai, wanda ya adana ta ya ba masu fim bai cancanci ambato ba. Ni a ganina dukkansu saurare suka yi, ba kallo ba.

Labarin ba baƙo ba ne. Ingila ta kafa sashen fim na mulkin mallaka a 1939, motocin majigi suka zaga ƙauyuka. Daga wannan al'adar Adamu Halilu ya taso har ya yi fim ɗin Shaihu Umar a 1976. Fim ɗin ya ɓace wa masu kallo shekara da shekaru, sai da aka tono faifansa a ma'ajiyar Hukumar Fim ta Nijeriya, aka gyara, aka nuna a Berlin a 2018. Mai ajiya ne ya cece shi.

Dabarar da na fi ƙauna ita ce a kashe muryar mai bayani. A gwada da hotunan Ladi Kwali, wadda ta shiga cibiyar tukwane ta Michael Cardew a 1954, a Abujar da, wato Sulejar yau. Bakin mai bayani na iya karkata ga Bature da injinsa. Da an yi shiru, sai ido ya koma kan hannu. Tukunyar na zaune, maginiyar ce ke kewaya ta. Tana ɗora murjajjen yumɓu, hannu ɗaya a ciki yana tarewa, ɗaya a waje yana jan bango sama. Sannan ta tsaga jikin da zanen ƙadangare, kunama ko kifi. Wannan ginin Gwari ne, ba a makarantar Bature ta koye shi ba, kuma kyamarar da ta zo yabon wani ita ce ta ba da shaida. Hotonta na jikin naira 20 ba ya motsi. Wanda ya adana faifan shi ya bar mana tafiyar hannunta.

Shi ya sa nake cewa mai ajiya abokin aikin darakta ne, bai kamata sunansa ya maƙale a wutsiyar fim ba. Kuma ba sai a Landan ko Jos ake samunsa ba. Masu ɗaukar bidiyon biki da naɗin sarauta a Gawu Babangida da Lambata suna da tsofaffin kaset da zafi da ƙura ke ci. A bayan amarya akwai kasuwa, akwai sutura, akwai fuskokin dattawan da suka riga mu gidan gaskiya. A juye kaset ɗin a kwamfuta, a rubuta shekara da wuri, tun masu gane fuskokin suna raye.